Abin da Ƙamus Ya Faɗa

Ƙanwata,

Gaisuwa mai yawa, da fatan kina lafiya. Daga ofishin 'yan sanda nake rubuto miki, kuma ban yi nadama ba ko kaɗan. Na shigo maɗaba'arku kawo miki abinci, da kunnena na ji mai gyaran rubutun nan da kuke kira Ƙamus ya nuna ki a gaban ma'aikata ya ce "ƙazama", har suna tafi. Idona ya rufe. Na shaƙe shi, na buga fuskarsa da ƙarfen injin yankan takarda sai da jini ya wanke rigarsa. Gobe ma wani ya zage ki, haka zan yi. Ki turo min bargo.

Yayanki.

Yaya,

Na amsa gaisuwa, amma ba lafiya ba. Ina ta ihu ka tsaya, ka hankaɗe ni. Ba ƙazama ya ce ba! Turanci ya yi: charisma. Da "ch" ake rubuta ta, da "k" ake faɗa, karizma, wato kwarjini da farin jini. Yabona yake yi don na shawo kan wani mai ba mu aiki da ya zo da faɗa. Ka karya masa muƙamuƙi, haƙora sun zube, likita ya ɗaure bakin da waya. Kuma ka sani, shi ne mutumin da na ce maka magabatansa za su zo neman aurena. Ga bargon.

Ƙanwarki da ka cuta.

Ƙanwata,

Ina gaisuwa. Na karanta, na ga laifina. To amma shi ma, Hausa ta ƙare ne? Injin yana ruri, wa zai bambance? Don Allah ki ce masa kunne ne ya yaudare ni. In ya warke ya zo ya rama, hannuna a baya, wallahi ba zan motsa ba. Ya maganar auren?

Yayanki mai neman afuwa.

Yaya,

Gaisuwa. Na kai saƙonka. Ba ya iya magana, da alƙalami ya janye ƙara, gobe za a sake ka. Mahaifiyarsa ta raka ni bakin ƙofar asibiti, ta ce ɗanta ba zai haɗa jini da gidanmu ba. In ka fito, kada ka biyo ta wurina.

Ka huta lafiya.