Jirgin da Bai Tsaya wa Malam Ado a Ɗorawar Gambo Ba

Zuwa ga Mai Girma Shugaban da ke kula da jiragen ƙasa na wannan yanki namu,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Ranka ya daɗe, ina gaishe ka da aiki, ina gaida iyali da duk ma'aikatan da ke ƙarƙashinka. Allah ya sa takardar nan ta same ka lafiya.

Sunana Rabi, ina zaune a Soron Ɗinki cikin birnin Kano. Ni ce matar marigayi Malam Ado, maɗinki mai aikin hannu a wuyan riga, wanda Allah ya yi wa rasuwa a ƙaramar tasharku ta Ɗorawar Gambo, ranar wata Talata, mako biyu bayan Ƙaramar Sallah, ana tsakiyar zafi. Da na fita takaba na je ofishinku sau biyu. Zuwan farko aka ce ka fita. A na biyu wani ma'aikaci mai kirki ya ba ni kujera, ya yi mini ta'aziyya, ya ce in rubuto a takarda. Na rubuta na kai, yau mako uku ke nan ban ji komai ba. Shi ya sa na fito da maganar fili. Karatuna bai yi nisa ba, idan na yi kuskuren lafazi a yafe mini.

Ban zo neman diyya ba, kuma ban ce wani ya kashe mini miji ba. Na san wa'adi ba ya wuce ranarsa. Amma ina da 'ya mai ciki a wannan ƙauye, kuma ta wannan tasha za ta zo gida. Saboda ita nake rubutu.

Na ɗaya, abin da ya kai shi can.

'Yarmu ta fari, wadda muke ce wa Ummi, tana aure a Ɗorawar Gambo. Mijinta Habu malamin firamare ne, ɗan garin, yaro mai ladabi. Bayan Sallah aka aiko mana tana fama da laulayi, ko ruwa ba ya zama a cikinta. Ni ce na matsa wa Malam ya je ya dubo ta, domin a lokacin ƙafata ta kumbura. Na haɗa masa tsamiya da daddawa da garin kunu. Ya yi ta zolayata, wai na mai da shi ɗan aike da furfurarsa. Ya ce, "Rabi, idan na dawo sai kin biya ni da miyar kuka, ba ta jiya ba." Da wannan maganar muka rabu a soro.

A tafiya bai sha wahala ba. Ya faɗa wa mai duba tikiti inda zai sauka, jirgi ya tsaya, ya sauka. Wannan ne ya sa ya ɗauka kullum jirgi yana tsayawa a wurin. Kowa ma haka zai ɗauka.

Ranka ya daɗe, ka san halin iyayenmu da kunyar ɗan fari. Malam bai taɓa kiran sunan Ummi ba tun da aka haife ta. Zama a gidan aurenta kuwa, kamar an ɗora shi a kan ƙaya. A ɗakin baƙi na limamin garin ya kwana. Da safe Ummi ta aika masa da koko da ƙosai, ya ce a mayar, zai karya a jirgi, ai akwai masu talla. Ga shi yana da ciwon suga, kuma ya riga ya haɗiye ƙwayarsa ta safe da ruwa kawai. Habu ya ɗauko masa jaka zai raka shi tasha, tafiyar kusan awa ɗaya ce a ƙafa. Suna fita bayan gari Malam ya karɓe jakar ya ce ya koma, yara suna jiransa a makaranta. Habu ya ce, "Baba, jirgin nan fa sai an tsayar da shi." Malam ya yi dariya ya ce ya fara shiga jirgi tun ba a haifi Habu ba. Suruki ba ya jayayya da suruki. Habu ya durƙusa ya yi masa Allah kiyaye hanya, ya juya, yana zaton za a sami mutanen gari a tashar kamar yadda aka saba. A ranar babu wanda zai yi tafiya sai Malam.

Na biyu, yadda ake tsayar da jirgi a wannan tasha.

Wannan ban san shi ba sai da na je da ƙafata bayan takaba. Babu ma'aikaci ko ɗaya a Ɗorawar Gambo. An ce da akwai dattijo mai tuta, da ya yi ritaya ba a kawo wani ba. Jirgin da ke zuwa Kano yana ɓullowa ne daga wata kwana, bayan tudu. Kafin direba ya hango dandamalin tashar ya riga ya iso, ba zai iya taka birki ba. Saboda haka mutanen garin suka yi wa kansu dabara. Idan mutum zai hau, sai wani nasa ya taka can gaba, ya wuce kwanar, ya tsaya a gindin wata giginya yana kaɗa zane ko riga. Idan direba ya gani sai ya yi hon sau biyu ya fara rage gudu. Duk ɗan garin ya san haka. Amma ba a rubuta shi a ko'ina ba. Ba a bango, ba a tikiti, ba a babbar tashar Kano inda Malam ya sayi tikitinsa na zuwa da dawowa.

Malam mutumin birni ne. A saninsa tasha wuri ne da ake zama a benci a jira, a ji sanarwa, a tashi. Wata Bafulatana mai tallan nono, wadda ita ce ta fara ganinsa, ta faɗa mini da bakinta cewa da hantsi ta hango shi daga nesa, dattijo da fararen kaya, ya miƙe tsaye a bakin dandamali ya ɗaga hannu. Jirgi ya wuce shi da gudu. Ta ce ya daɗe a tsaye yana kallon bayansa, sannan ya koma ya zauna. Ita ta ɗauka zai koma gari, ta yi gaba da tallanta.

Bai koma ba. Na san mijina, shekara talatin da ɗaya muna tare. Mutumin da ya mayar da koko, ya sallami surukinsa a hanya, ba zai sake sallama a ƙofar gidan 'yarsa da rana tsaka ya ce a ba shi abinci ba. Zai ce bari ya jira, wataƙila wani jirgin ya zo. Babu takardar da za ta gaya masa cewa jirgi na gaba sai Juma'a. Babu randa, babu famfo, babu mai shago. Rumfar kwanon tashar ma rabinta iska ta yaye. Da aka kawo mini wayarsa na ga ya neme ni sau huɗu tsakanin hantsi da azahar. Babu sabis a wurin, ko ɗaya bai shigo ba.

Da la'asar Bafulatanar ta dawo ta same shi a jingine da bango, ya cire takalmansa ya jera su a gefe, carbi a hannu. Ta yi masa sannu bai amsa ba, ashe rai ya yi halinsa.

A cikin jakarsa akwai kwalbar zuma da Ummi ta ba shi ya kawo mini. Ba a buɗe ta ba. Wata maƙwabciyarmu ma'aikaciyar asibiti ta ce da ya lashi ko cokali biyu, da wataƙila ya iya miƙewa ya kai kansa gari. Ta faɗa ne ba da niyyar ƙona mini rai ba, daga baya har ta zo ta ba ni haƙuri. Amma Malam ba ya taɓa saƙo. Ko goro aka ba shi ya kai wa wani, yadda aka ƙulle shi haka zai miƙa. Kwalbar tana nan a ɗakina, na kasa sha, na kasa bayarwa.

Na uku, abin da aka gaya mini a Kano.

Jirgi ya iso Kano bayan azahar. Na gama miya, na share ɗaki, shiru. Da la'asar ta yi na kasa zama, na ɗingisa ƙafata muka tafi babbar tasha ni da ƙanin Malam. Na roƙi ma'aikacin da muka samu ya kira Ɗorawar Gambo ya tambaya ko an ga wani dattijo. Ya dube ni ya ce, "Hajiya, wa za mu kira? Ai babu kowa a can." Ba wulaƙanci ya yi mini ba, gaskiya ya faɗa. Amma ranka ya daɗe, ina tambaya: wurin da babu kowa, don me kuke sayar wa mutane tikitinsa ba tare da ko gargaɗi ba? Sunan tashar yana jikin tikitin, da tambarinku. Mutum ya amince da ku ne ya je.

Kafin magariba Habu ya hau tudu ya sami sabis ya kira ƙanin Malam. Saboda zafi ba a jira ba, a can aka yi masa sutura aka binne shi. Ban ga fuskarsa ba. Mutumin da aka haifa a Soron Ɗinki, wanda duk unguwa suka sa rigar hannunsa a ranar aurensu, baƙi ne suka ɗauki makararsa. Allah ya saka musu da alheri, sun yi masa abin da ya kamata.

Ban ga laifin direban ba. Na tsaya a wurin da kaina na ga yadda jirgin yake faɗowa daga kwanar, ko ɗansa ne a dandamalin ba zai iya tsayawa ba. Habu kuwa har yau ba ya iya haɗa ido da ni. Duk zuwan da zai yi sai ya zauna a soro ya sunkuyar da kai. Na ce masa ya daina, biyayya ya yi. Yaron nan yana ɗauke da nauyin da ba nasa ba ne.

Na huɗu, maganar Ummi.

Cikin da take laulayinsa a lokacin yanzu ya shiga wata na takwas. Haihuwar fari ce, kuma bisa al'ada gida za ta zo goyon ciki, in kula da ita da hannuna. Ban da al'ada ma, an auna ta an ce jininta yana hawa, an shawarce ta ta haihu kusa da babban asibiti. Hanyar mota daga garinsu ruwa ya cinye kwalbatin tun tsakiyar damina, babur ma sai an ɗaga shi a ka an haye. Mai ciki wata takwas ba za ta bi nan ba. Jirgi kaɗai ya rage.

Za ka ce ai mijinta ya san giginyar, zai je ya kaɗa riga. Haka ne. Amma yanzu dawa da gero sun yi tsayi a gonakin bakin layin, mutanen garin sun ce sau biyu a damanar nan aka kaɗa zane direba bai gani ba. Idan aka yi haka ranar da za ta taho, ta tako awa ɗaya da tsohon ciki, ta zauna a bencin da ubanta ya zauna, jirgi ya wuce, sai ta sake takawa ta koma. Ummi tun rasuwar ba ta taka tashar ba. Ta ce mini ko hon ɗin jirgin ta jiyo daga gida sai gabanta ya faɗi.

Abin da nake roƙo, ranka ya daɗe, ba mai yawa ba ne.

A ba direbobi umarni su riƙa tsayawa a Ɗorawar Gambo kowace tafiya, ko da minti ɗaya ne, ko an ga mutum ko ba a gani ba. Wannan shi ne babba. Idan an yi shi kaɗai ma na gode.

Idan hakan ba zai yiwu nan kusa ba, a kafa allo a tashar, da boko da ajami, a rubuta ranakun jirgi da yadda ake tsayar da shi, kuma mai sayar da tikiti a Kano ya riƙa faɗa wa duk wanda zai sauka can. Magana ce ta numfashi ɗaya.

A sa mutum guda daga garin ya riƙa zama a ranakun jirgi, da tuta da randar ruwa. Mai garin ya ce mini akwai masu so, izini kawai suke jira. Kuma na tabbata ba Ɗorawar Gambo kaɗai ba ce a layin nan, a duba sauran ƙananan tashoshin.

Na ƙarshe, a ba ni amsa. Habu yana hawa tudu duk bayan kwana biyu ya kira ni, Ummi tana aiko shi da tambaya ɗaya: ta haɗa kaya ko ta dakata? Kullum ina ce masa tukuna. Kwanakin haihuwarta suna matsowa, kuma ni na riga na taɓa tura mutum ɗaya wannan tasha da bakina. Ba zan ce wa 'yata ta fito ba sai na ji daga gare ka cewa jirgi zai tsaya, da ranar da zai tsaya. Idan kuma ba zai tsaya ba, wannan ma a gaya mini, in shiga jirgin in sauka can, in zauna da ita ta haihu a ƙauye, abin da Allah ya yi shi ke nan.

Allah ya yi maka jagora a aikinka, ya ba ka mashawarta na gari. Allah ya raya maka zuriya, ya sa duk naka da ya fita ya dawo gida ya tarar da masu jiransa. Allah ya jiƙan Malam Ado da iyayenmu baki ɗaya, ya sauki Ummi lafiya.

Ina sauraro. Wassalam.

Rabi, matar marigayi Malam Ado maɗinki,
Soron Ɗinki, cikin birnin Kano.