Lambar da Aka Liƙa wa Baba

Laraba, bayan isha'i

Baba ya feɗe saniya mara lafiya, baƙin gyambo ya fito masa a hannu, likita ya ce daga saniyar ya ɗauka, ya rubuta magani. Shi ke nan fa! Amma wani Nura na ofishin kati a asibitin, mai sa wa kowace cuta lambarta a kwamfuta, sai ya danna lambar waɗanda 'yan ta'adda suka watsa wa ƙwayar cuta. Wai da wannan cutar aka yi musu misalin harin ta'addanci a wajen horon aiki.

Lambar ta isa ga hukuma, shekaranjiya jami'an tsaro suka zo rumfar Baba da tambayoyi, duk kasuwa tana kallo. Tun ranar, ko mai tuwon da ta saba ba ta leƙo ba. Kasuwar Kwangila take zuwa sayen nama.

Yau na je na sami Nuran. Ko ɗago kai bai yi ba. "Hajiya, lambar ba ta ce shi ya yi ba, cewa ta yi shi aka yi wa. Za a gyara."

Na ce, "Tashi ka je kasuwa ka yi musu wannan bayanin!"

Murmushi ya yi. Wallahi ba don idon mutane ba, da na kifa masa kwamfutar a ka.

Ban yafe ba. Gobe ne wankin ciwo, Baba ya rantse ba zai ƙara taka asibitin ba. Kumburin kuwa ya kai gwiwar hannu.