Ka Rufe Idanu, Ka Bar Kumatu

Zango, Kumasi
Disamba, 1969

Ɗana Mutala,

Bayan gaisuwa, da fatan kana lafiya, kana kuma riƙe azumi a Ankara yadda na koya maka.

Na ga shirinka na talabijin kan masu yi wa mutane allura a ɓoye. Ni da kaina na tara matan gidanmu zuwa shagon Alhaji Sanni mai talabijin, ina taƙama ɗana ne. Da kunya na dawo.

Mma Barkisu da ka nuna a shirin, ita ta goya ka. Shi ya sa ta yarda ta faɗa maka yadda allurar ɗaya daga cikinsu ta shanye ƙafar jikanta, bayan ka rantse ba wanda zai gane ta. Sai ka shafa baƙi a idanunta a hoton, ka bar kumatunta a fili. Yaron da aka haifa a Zango bai san da tsage ake gane mutum ba? Kowa ya ga tsagen Gobir. Ka kuma zaɓi watan da ake korar baƙi marasa takarda.

Mai allurar yana nan, ya san hanyar ofishin 'yan sanda. Ka zo ka tsaya mata. Ilimin da ba ya tsare amana ban san amfaninsa ba.

Mahaifiyarka,
Hamamatu

Zango, Kumasi
Janairu, 1970

Mutala,

Ina gaishe ka. Tarin da ka ambata, Allah ya sawwaƙe.

Ka ce an kama mai allurar, yara sun tsira, manyanka sun yaba. Haka ne, ban musa ba, na ma gode wa Allah. Amma kafin a kama shi ya riga ya kai sunan Mma Barkisu wurin 'yan sanda. Na je ofis na yi Turancina har bakina ya bushe, na ce a goye aka kawo ta Kumasi. Ɗan sandan kumatunta kawai ya nuna mini, ya ce ta bar ƙasar.

Ka ce aiki ya hana ka zuwa. Ranar Asabar muka raka ta tasha, jikan yana jan ƙafa. Ba ta san kowa a Gobir ba. Ba ta zage ka ba, da ma ta yi, da na samu sauƙi.

Da ta hau mota sai ta ja mayafi ta rufe kumatunta, ta bar idanu. Ita da ba ta taɓa shiga aji ba, ita ta san abin da ya kamata a rufe, ga shi an kore ta saboda kai.

Ka gaishe da masu yabon naka. Ka riƙa sallah a kan lokaci.

Mahaifiyarka,
Hamamatu