Rasuwar Inna Tambaya: Ga Kati a Hannu, Damtse Babu Tabo

Kai mai karanta wagga takarda, da kai da ake karanta maka ita a zaure, yaushe rabonka da naɗe hannun rigar ɗanka ka duba damtsensa? Lambar agana da anka ce an yi masa, ka ga tabonta da idonka, ko kuwa katin da anka miƙa maka ka ninke ka tura cikin gafaka, hankalinka ya kwanta?

Cikin alhini mai nauyi, da ɓacin ran da ba mu da niyyar ɓoyewa, Ƙungiyar Samari Masu Neman Karatu ta ƙasar Kebbe take sanar da masu girma iyayen ƙasa, da limamai, da malamai, da masu unguwanni, da dukan jama'ar Kebbe da Tambuwal da Jabo, cewa labari ya iso mu na rasuwar uwarmu Malama Hauwa'u, wadda kowa ya sani da Inna Tambaya, ungozomar Fakku, mai ɗakin Malam Abdulkarimu Ɗangiwa, wadda Allah ya karɓi ranta da hantsin Talatar da ta wuce, a bukkokin masu agana da ke bayan gari. Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un.

Shekara talatin da wani abu marigayiya ta yi tana karɓar haihuwa a Fakku da rugagen da ke kewaye, rani da damina, ba albashi, ba takardar yabo, kuma mu samarin wagga ƙungiya kaɗan ne cikinmu da ba ita ta yanke wa cibiya ba. Amma aikin da ya fi sa mu tuna ta yau shi ne na lamba. Kowa ya san namiji ba ya shiga gidan kulle, mai lamba iyakarsa zaure, kuma da an ji ya sauka sai a ɓoye ɗiya cikin rumbu. Inna Tambaya ita ce take shiga ɗaki-ɗaki, ta yi wa uwa faɗa, ta yi wa kaka zolaya, ta fito da yaro a kafaɗa, ta riƙe masa hannu a tsaga. Ba ta tsaya nan ba. Ta san dabarar matanmu ta goge wurin da lemun tsami ko toka don kada ya tashi, saboda haka sai ta bi gida-gida ta kwashe lemun a zanenta, har yara sunka riƙa yi mata waƙa.

A bazarar bara, da Malam Sambo mai lamba ya sauka Fakku, ita ta fara miƙa damtsenta gaban mata don su ga ba mutuwa ake yi ba. Ran nan anka rubuta mutum ɗari uku da goma sha biyu a littafin rajista, anka ba kowa kati a hannu. To, ga abin da ba mu sani ba sai yanzu, kuma daga bakin Malam Sambo munka ji shi, wanda ya zo ta'aziyya yana hawaye: ruwan lambar kwana fuɗu ya yi a bayan mota da bayan jaki cikin zafin bazara kafin ya iso hannunsa, zafi kuwa yana kashe shi. Ƙa'ida ita ce a koma ranar takwas a duba kowane damtse, in ƙurji ya tashi sannan a rubuta cewa lamba ta kama. Ba a koma ba. Katunan a ɗaure sunka zo daga ofis, an riga an buga hatimi, an riga an rubuta “ta kama”, an riga an sa hannu. Sunan mutum kaɗai anka bar wa Sambo shi cike. Ya roƙi a bar shi shi koma, anka tura shi wata ƙasa.

Da agana ta faɗo Fakku cikin azumin bana, anka kafa bukkoki bayan gari, anka aiko ma'aikaci daga birni da umarnin cewa mai kati kaɗai zai yi jinyar marasa lafiya. Ya buɗe rajista, sunanta na farko. Shaidu sun tabbatar mana ta zare mayafi ta nuna masa damtsenta sumul, ta gaya masa tata ba ta tashi ba. Bai dubi hannun ba, katin ya duba. Kada wani ya ce an tilasta ta, don ba a tilasta Inna Tambaya. Ta tafi ne saboda waɗanda ke kwance cikin bukkokin nan ɗiyan da ta karɓa ne da hannunta, ita kuma ta ɗauko su ta kai zaure, ita ta yi wa uwayensu alkawarin lamba za ta tsare su. Kwana goma sha tara tana dama musu kunu tana kore musu ƙuda, sannan ƙurajen sunka fito mata. Ko 'yarta Ni'imatu ba a bari ta yi mata wanka ba.

Ga Malam Abdulkarimu Ɗangiwa, da 'ya'yanta Malama Ni'imatu da Malam Sama'ilu, da jikoki, da dangi na kusa da na nesa, da dukan matan Fakku, wagga ƙungiya tana miƙa ta'aziyyarta. Allah shi jiƙanta, shi yafe mata kurakuranta, shi sa jinyar da ta yi ta zama kaffara, shi haskaka makwancinta, ku kuma shi ba ku haƙuri da ƙarfin zuciya. Mun yarda ajali ba ya wuce ranarsa. Amma yarda da ƙaddara ba ta wanke alƙalamin da ya rubuta ƙarya.

Yanzu kuma mun ji wai daga ofis ana cewa mutanen Fakku ne sunka goge lambarsu da lemu. Haba! Matar da ta kwashe lemun gari kaf, ita ce za ta koma ɗaki ta goge nata hannu? Ku ji tsoron Allah. Ranar Alhamis da Juma'a mun bi gida-gida da yardar masu gida, mun duba yara ɗari da arba'in masu kati. Goma sha ɗaya ke da tabo. Sauran fa? Cikinsu akwai Zahara'u, jikar marigayiya, 'yar shekara fuɗu, wadda damtsenta ba ko ƙwarzane. Tun kafin haka mun rubuta wa ofis neman a sake aiko masu lamba, amsar da munka samu layi biyu ce: littafi ya nuna an gama Fakku, sai zagaye na gaba. Kuma da wanga kati ne ake barin mutum shi wuce shingen masu duba kati shi shiga kasuwar Tambuwal, shi gogi kafaɗar kowa.

Ni karatuna a jikin buhu da tsofaffin jaridu na tsince shi, amma ya ishe ni in karanta “ta kama”. Abin da na kasa karantawa shi ne sa hannun da ke ƙasa, don an murɗe shi kamar tafiyar tsutsa. Shekara biyu da rabi da samun mulkin kai, ba mu da wani baƙo da za mu ɗora wa laifi. Ɗan ƙasa ne ya riƙe alƙalamin nan, kuma ya san kansa.

Saboda haka muna neman a aiko da sabon ruwan lamba Fakku cikin mako guda, a tsaya har ranar takwas a duba kowane hannu. Muna kuma kira ga mai wannan sa hannu da shi zo Kebbe ranar kasuwa mai zuwa, bayan la'asar, gaban uban ƙasa da liman da jama'a. Mu za mu zo da katin Inna Tambaya, Malam Abdulkarimu zai zo da Zahara'u a kafaɗa, damtsenta a buɗe. Ka zo ka nuna mana inda ta kama.

Abdulhamidu Atu,
Kakakin Ƙungiyar Samari Masu Neman Karatu ta ƙasar Kebbe,
16 ga Maris, 1963.