Farin Ƙyallen Sarkin Murhu

Cikin alhini da ƙunar zuciya Ƙungiyar Ma'aikatan Masana'antar Kwalabe da Gilashi ta samu labarin rasuwar ubanta kuma tsohon shugabanta, Mai Girma Dattijo Sarkin Murhu, wanda muka fi sani da Baba Mai Ƙyalle, wanda Allah Ya yi wa rasuwa ranar Talata da hantsi bayan doguwar jinyar ciwon huhu, ya bar mata ɗaya, 'ya'ya biyar da jikoki tara.

Shekara talatin da ɗaya marigayin ya yi a bakin murhun narka gilashi, kuma shi ne ya matsa aka daina jibge fasassun kwalabe a bakin rafi aka koma mayar da su murhu, domin tsohuwar kwalba ta fi yashi saurin narkewa, ba ta kuma cin wuta kamarsa. Laƙabinsa kuwa ya samo asali ne daga wata ɗabi'a tasa: kowace Litinin yakan shanya farin ƙyalle a kan igiya a unguwar da ke bayan katangar masana'anta, ranar Juma'a ya sauke shi baƙi ƙirin da hayaƙi, ya ajiye a teburin manaja. Mukan tsokane shi da cewa ya fi matan unguwa yawan shanya. Sai ya ce, "Ku yi dariya, 'ya'yana. Abin da ya hau ƙyallen nan shi ke shiga ƙirjin jikokina."

Da mutanen unguwa suka shigar da ƙorafi gaban hukuma, sai mahukuntan masana'anta suka ɗora na'urar tace hayaƙi a kan bututu, suka kafa koriyar fitila a ɗakin kula da murhu, suka rantse wa Baba cewa muddin fitilar tana ci, na'urar tana aiki. Ya yarda, mu ma muka yarda. Da ƙafarsa ya bi gida-gida yana ba iyaye tabbaci, kuma albarkacin furfurarsa suka sa hannu suka janye ƙorafinsu. Mu ne da bakinmu muka ce masa ya huta da shanya haka nan, ya kuwa huta har shekara biyu, kuma wannan kuskure muna ɗaukarsa a wuyanmu.

Ramin ƙarya ƙurarre ne. Watanni huɗu da suka wuce wani mai gyaran lantarki, ɗan wannan Ƙungiya, ya buɗe akwatin wayoyi ya tarar an haɗa fitilar kai tsaye da wutar ɗakin, babu abin da ya gama ta da na'urar, wadda ba a kunna ta sai ranar da masu bincike za su zo. Tun ranar da Baba ya ji haka bai ƙara bin hanyar cikin unguwa ba, sai dai ya zagaya ta bayan gari, saboda kunyar mutanen da suka amince masa.

Jiya mahukuntan suka aiko da takarda suna kiransa Uban Tsaftar Muhalli, suna neman izinin sa sunansa a ƙofar masana'anta. Amsar Ƙungiya ita ce a kai kasuwa. An ci amanarsa yana raye, ba za a ci da sunansa yana kabari ba. Mun ji zafin wannan yaudara, kuma ba mu yafe ba.

Ƙungiya tana miƙa ta'aziyyarta ga mahaifiyarmu, mai ɗakin marigayin, da 'ya'yansa, da jikokinsa, da ɗaukacin abokan aikinsa, tana roƙon Allah Maɗaukakin Sarki Ya jiƙansa da rahama, Ya ba su juriya da haƙurin wannan babban rashi.

Wasiyya ɗaya ya bar mana, cewa a nema masa gafarar mutanen unguwa, a shaida musu bai sani ba. Ga shi mun isar. Litinin ɗin ƙarshe kafin a kwantar da shi asibiti ya sa an riƙe shi ya je ya shanya ƙyalle, bai kuwa samu komawa ya sauke ba. Mai ɗakinsa ce ta sauke shi ta kawo mana, yana nan kan teburin ofishinmu. Duk wanda ya sa hannu saboda Baba ya zo ya gani da idonsa, ba mu wanke shi ba.

Sa hannu:
Kakakin Ƙungiya,
ɗaya daga cikin waɗanda marigayin ya koya wa aikin murhu,
a madadin Shugaba da Majalisar Zartarwa.