Notin Tayar da Na Ɗaure a Gusau

Assalamu alaikum 'yan uwa. Admin don girman Allah a sakaya sunana. Ku taimaka ku ba ni shawara, abin da zan faɗa yau ko matata ba ta taɓa ji daga bakina ba.

Ni bakanike ne, yanzu na haura sittin. Abin ya faru ne shekara biyu bayan an ba mu jiha, lokacin ina da garejina a Gusau, na yi aure har da 'ya'ya biyu, saboda haka ba zan fake da yarinta ba. A wancan lokacin ina da wata sifana mai awo da na gada wajen maigidana da ya koya mini aiki. Ana saita ta ne daidai ƙarfin da notin taya yake buƙata, kana ɗaurewa in ya kai sai ta yi ƙara, ƙas, sai ka tsaya. Don noti in bai ɗauru ba yana kwancewa, in kuma ya wuce kima ƙusar da yake zaune a kanta tana miƙewa, ta yi rauni, wata rana ta karye. A layinmu ni kaɗai nake da ita, kuma ina alfahari da ita ƙwarai, har dariya nake wa masu zura bututun ƙarfe a sifana su hau da ƙafa.

Ina da amini, bari in kira shi Garba, mutumin Nahuce, direban a-kori-kura ne, yana ja wa wani Alhaji mai sayen hatsi. Wata rana da kaka ya kawo mini motar in canza birkin gaba. Sai aka yi rashin sa'a na baro sifanar a gida, na yi aiki da ita a can na manta. Gidana ba nisa, da na hau keke da na dawo kafin ya idar da sallar la'asar da ya tafi yi. Ganda ce kawai ta hana ni. Na ɗauki bututu na zura, na hau da ƙafa, irin abin da nake wa mutane dariya a kai. A tayar ɓangaren direba na ji noti ɗaya ya yi taushi a ƙarƙashin ƙafata, na biyu ma haka. Duk bakanike ya san ma'anar wannan. Kamata ya yi in kwance in canza ƙusoshin, amma sai na ce ai da saura, za su riƙe.

Da ya dawo ya zagaya motar, ya ce, "Ka dai sa mai ƙarar nan ko?" Na ce, "Na sa." Ya ce, "Shi ya sa ba ni kai mota wajen kowa."

Kwana biyu bayan nan ya taso daga Tsafe da lodin masara, yayansa Malam Isa na zaune a gefensa. Daf da Kwatarkwashi tayar ta fita, motar ta kife. Malam Isa ko asibiti ba a kai da shi ba. Shi Garba hannunsa na hagu ya ragargaje, har yau ba ya iya riƙe kofi da shi. Na je wurin da kaina washegari, na tsuguna na duba, ƙusoshin sun karye, kuma tayar nan ce. Mutane suka taru a kaina suna tambaya tunda ni ne bakanike, na ce wataƙila rami ya faɗa da gudu. Kalmar nan "gudu" daga bakina ta fara fita, kuma ita ta zauna. Da mai motar ya ce ko laifin wanda ya yi gyara ne, Garba yana kwance a gadon asibiti ya rantse cewa aikina ba ya da matsala, da sifana mai awo nake ɗaure taya.

Daga nan aka raba shi da tuƙi, ya koma Nahuce yana noma da hannu ɗaya. Iyalan yayansa suka ɗora masa laifi, an yi cacar baki sosai, dattawa sun shiga tsakani ba sau ɗaya ba, amma babban ɗan marigayin, Lawali, ya ce shi ba zai sake gaida wanda ya kashe masa uba da ganganci ba. Ya kwashe uwarsa da ƙannensa ya koma Tsafe, yau shekara ashirin da wani abu bai taka gidan baffansa ba.

Ni kuma na yi azumin wata biyu a jere, na ce wa matata alwashi ne. Ina kai wa Garba ziyara, ina taya shi aikin gona in na samu hali, duk mutane suna cewa ba su ga amini irina ba, ni kuwa duk yabon nan kamar ana zuba mini garwashi. Zumuncin ya kai har ɗansa ya auri 'yata, yanzu jikokinmu uku tare.

Abin da ya sa na rubuto shi ne, Garba ba shi da lafiya, ciwon ya ci jikinsa. Satin da ya wuce na je duba shi, ya sa kowa ya fita, ya kama hannuna ya ce kullum sai ya tuna ranar nan, yana ta lissafi ko da ya rage wuta da ɗan'uwansa yana raye. Ya ce, "Wallahi ban tuna na yi gudu ba, amma tunda kai ka duba ka ce haka ne, haka ne. Ka tai Tsafe ka roƙa mini Lawali ya yafe mini tun ina da rai. Kai ɗai zai ji ma magana."

Na ce to. Ban san yadda na fito daga ɗakin ba, sai da na tsaya bayan gari na yi kuka kamar ƙaramin yaro.

Yanzu na yi alkawarin zan je Tsafe ranar Lahadi. In na je na roƙa masa gafara a kan laifin da ni na yi, na ƙara ƙarya a kan ƙarya, kuma zai mutu yana ganin kansa mai kisa. In na faɗi gaskiya ban san abin da Lawali zai yi ba, mutum ne mai zafin zuciya, ban san makomar auren 'yata ba, ita da ba ta san hawa ba ba ta san sauka ba. Kuma ina tsoron Garba ya ji a halin da yake ciki zuciyarsa ta buga, in zama na kashe wa na kashe ƙane. Wani lokacin kuma sai in ce anya ba kaina nake karewa da wannan tsoron ba, kamar yadda na saba?

Na san za a zage ni, na cancanta, amma bayan zagin ku ba ni amsa. Malamai da ke cikin gidan nan, me shari'a ta ɗora mini bayan azumin da na yi? Kuma wa zan fara faɗa wa, Lawali da ya rasa uba, ko Garba da yake kwance yana jiran in dawo masa da albishir?