Muryar da mijina yake kai wa kuka, tawa ce

Assalamu alaikum Anti mai wannan shafi, tare da duk masu karatu. Don Allah a ɓoye sunana. Ku kuma masu sharhi, ku daure ku kai ƙarshe kafin ku fara jifana, domin na san ina da nawa laifin, kuma da bakina zan faɗe shi.

Ni 'yar Kano ce, aure ya kawo ni Jidda, muna zaune a unguwar Mahjar. Mijina haifaffen nan ne, kakanninsa ne suka zo aikin hajji suka zauna. Yana jin Hausa sarai, amma in zai yi magana rabi Larabci ne. Direba ne, yana ɗaukar kaya daga shagunan kasuwar Balad. Mun kusa shekara goma da aure, Allah bai ba mu haihuwa ba. Ku riƙe wannan, zan dawo kansa.

Wata ƙawata a Kano tana aiki da masu fassara finafinan nan masu dogon zango na Sifaniyanci, suna ɗora musu muryar Hausa su saka a intanet. Rannan ta kira ni ta ce wadda take yi musu muryar babbar jaruma ta bari, kuma ta tuna yadda nake kwaikwayon malamanmu a makaranta har a yi ta riƙe ciki. Na ɗan taɓa wa maigidan zancen a kaikaice, kamar labarin wata nake ba shi. Ko kallona bai yi ba ya ce duk macen da za ta buɗe baki ta ce wa namijin da ba nata ba tana sonsa, ko a fim ne, ba ta da tarbiyya, halas, wato magana ta ƙare. Ni kuwa zaman kaɗaici ya kusa haukata ni, sai na karɓi aikin a ɓoye. Da ya fita da safe, sai in kashe na'urar sanyaya ɗaki saboda ƙararta, in shige cikin durowar kaya in ja ƙofa, domin tufafi suna shanye amon ɗaki. A tsakanin fararen rigunansa nake zama, waya a hannu, gumi har cikin ido a zafin nan na Jidda, ina kuka ina dariya da bakin wata mata da ba ta ma san akwai ni a duniya ba.

Ba zan faɗi sunanta ba, ni Mai Gira nake ce mata, don sai ta ɗaga gira ɗaya kafin ta yi magana, kuma da wannan nake gane lokacin da zan ja numfashi. Mun fara daga tsofaffin finafinanta, tana yarinya ɗanya shakaf tana fitowa a mai ɗinki, muka biyo ta har ta zama lauya mai tsayawa a gaban alƙali. Na san tarinta, na san yadda take haɗiye yawu in za ta yi ƙarya. Da fuskarta ta fara tattarewa sai suka mayar da ita uwar jarumi, alhali namijin da suka fara tare, wanda ya girme ta ma, har gobe shi ne saurayi ana ba shi 'yan mata. Wannan abu ya ƙona min rai kamar ni aka yi wa. Bana ta sanar cewa wannan ne fim ɗinta na ƙarshe, ta gaji.

To ina cikin wannan sai ga mutumin naku, mai cewa babu tarbiyya, ya shigo da waya a hannu yana kallon fim ɗin, wai wani direba ne ya nuna masa, wai yana gyara Hausarsa ne. Na ce a raina yau asirina ya tonu. Ina! Bai gane ni ba. A gida muryata a sama take, ga Larabci da nake cakuɗawa saboda shi, a fim kuwa ƙasa nake yi da ita, Hausa zalla, su kuma can su ƙara gyara ta. Har juyowa ya yi ya ce min in saurara in ji yadda mata ke magana a natse, ba kamar ni ba da nake yi kamar mai tallar kifi. Jama'a, shekara nawa muna kwana ɗaki ɗaya, a ce mutum bai san muryar matarsa ba?

Ga laifina nan. Wata rana ƙawata ta turo min saƙon murya da wani ya aika shafinsu, ta ce wani masoyinki ne daga Saudiyya. Ina buɗewa na ji shi ne, yana yaba mai muryar. Da na yi hankali da na share. Amma haushi ya ɗebe ni, na ce bari in ga iyakarsa, na shiga durowa na amsa masa da muryar Mai Gira, ƙawata ta tura ba ta san ko waye ba. Daga nan abu ya zama jiki, har na buɗe wani asusu na daban muka koma tura wa juna saƙo kai tsaye. Na yi zaton zancen soyayya zai kawo in kama shi dumu-dumu, amma ko sau ɗaya bai yi ba, wannan kam ba zan yi masa ƙarya ba. Damuwarsa yake zubowa, ciwon bayansa, wulaƙancin masu shago, kewar mahaifinsa, abubuwan da in na tambaye shi sai ya ce min ba komai. Ni kuma ina ta jan sa da tattausar murya, ina ce masa ya faɗi abin da ke ransa. Na yaudare shi, na sani, kuma ina jin kunyar hakan.

Makon jiya ya turo wanda ya rusa ni. Ga abin da ya ce, ban ƙara ba ban rage ba: “Ya ukti, akwai abin da ban taɓa faɗa wa kowa ba. Tun shekararmu ta biyu da aure likita ya ce matsalar haihuwa daga wajena take. Matata ba ta sani ba. Kowa yana cewa ita ce, ni kuma na yi shiru.”

A cikin durowar na saurare shi, hancina a jikin rigarsa. Tun shekara ta biyu! Kun san abin da na sha a gidan nan? Babu jiƙon da uwarsa ba ta ɗura min ba, wani har sai da na kwana uku ina amai. An yi min ƙaho, an kai ni wajen masu ruƙiya, an yi ta bincikena a asibiti ana cewa lafiyata ƙalau, ita kuma ta ce likitocin ne ba su iya aiki ba. A gaban baƙi, ranar sunan jikanta na wajen ƙaninsa, ta ce ba abin da na iya sai ci da cika musu masai. Yana zaune a wurin. Abin da ya iya ce wa uwar tasa kawai shi ne, “Yumma, halas, komai na Allah ne.” Ni kuma sakarya har daɗi na ji, na ce mijina ya tare min, na koma gida na yi masa girkin da ya fi so. Sau nawa na ba shi haƙuri ina kuka, ina cewa ya yafe min na hana shi jin ana kiransa baba? Ya dafa kafaɗata ya ce ya yafe. Ya yafe! Wane irin mutum ne zai karɓi haƙurin da ya san bai cancance shi ba? Ciwon ba laifinsa ba ne, wallahi da ya faɗa min da na rufa masa asiri har kabari. Shirun ne ba zan iya haɗiyewa ba, da kuma cewa gaskiyar da ya hana ni ya ɗauka ya kai wa muryar da bai san fuskarta ba.

A ƙarshen saƙon ya ce yana tsoron in na ji zan tafi, ya ce mai muryar ta yanke masa hukunci, in ta ce ya faɗa zai faɗa, in ta ce ya yi shiru zai yi shiru. Ban amsa ba har yau. Jiya na ɗauki fitowar Mai Gira ta ƙarshe, inda take mutuwa a gadon asibiti, ƙawata ta ce ba a taɓa jin kuka irin wannan ba. Ba ta san ba wasa nake yi ba. Aikin ya ƙare, muryar ma ta ƙare, saura wannan amsa guda.

In na ce masa ya faɗa, zai zo min da gaskiya ne don wata ta ba shi izini, ni kuma in zauna in yi kamar yau na fara ji. In na fito na ce ni ce, ya kama ni da aikin da ya hana, da yaudarar da na yi masa, sai laifina ya rufe nasa, kuma na san haka danginsa za su juya zancen. In na yi shiru, ga uwarsa ta riga ta aiko cewa ranar Juma'a za ta kai ni wajen wata sabuwar mai magani a unguwar Ammariyya, kuma a gabana ya ce mata to.

Ɗazu ina zuba masa shinkafa, yana ta duba waya yana ajiyewa, yana jiran amsar matar da ke tsaye a kansa da ludayi a hannu. Ya ɗago ya ce min yau na yi shiru da yawa, lafiya? Na ce masa maƙogwarona ne ke ciwo.

Don girman Allah ku ba ni shawara, Juma'a ta kusa. Me zan yi?